Baba ya ce yana wurin jana'izar Murtala, Inna ta ce yana kwance da kurkunu

Abban Sadik:
Assalamu alaikum jama'ar gida. Wani abu ya tsaya mini a rai tun ƙaramar Sallah, na ce bari in kawo shi nan ko a samu mai warware mini.

Da muka je gida hutu na ƙudura zan riƙa naɗar hirar mahaifinmu a waya, saboda shekaru sun ja, kuma mutum ne mai labari. Daren farko na nemi ya ba ni wanda muka tashi muna ji tun muna yara, na ranar da aka kashe Janar Murtala, Juma'a 13 ga Fabrairu 1976. Ya kawo shi tiryan-tiryan kamar yadda ya saba: yadda kiɗan soja ya cika rediyo, yadda Dimka, sojan da ya jagoranci yunƙurin juyin mulkin, ya sa dokar hana fita daga shida na safe zuwa shida na yamma har mutane suka riƙa tambayar ko lafiyarsa ƙalau, sannan yadda shi Baba ya hau akori-kura ya shigo Kano jana'iza, aka take masa takalmi a cikin turmutsutsu, ya koma gida da wari ɗaya. Labarin takalmin nan na ji shi ya fi sau hamsin.

Inna tana gefe tana tsinkar zogale. Ko ɗago kai ba ta yi ba ta ce, "Malam, a ranin nan fa kana kwance da kurkunu. Wata biyu ba ka taka ƙofar zaure ba. Ni nake nannaɗe maka shi a tsinke kullum da safe, ina goyon Yayarsu."

Baba ya fusata ƙwarai, har ya rantse. Kuma wanda duk ya san shi ya san ba ya ƙarya, ko ta raha. Ita ma Inna haka. To wa zan ɗauka? Kuma abin da na naɗa, in ajiye wa jikoki a matsayin me?

Maman Ilham:
Wa'alaikumus salam. Ɗauki maganar Inna ka huta. Mu mata da goyo muke lissafin shekara, da yaye, da wankan jego. Wadda ta yi wata biyu tana jan kurkunu a tsinke da jaririya a baya ba za ta ɓata shekarar ba.

Ɗan Kurmi:
To fa. An fara. Wato shaidar namiji ta faɗi ke nan tun ba a zauna ba. Hajiya, ita ma Innar shekara hamsin fa ke nan, ba jiya ba.

Malama Hauwa:
Abban Sadik, kada ranka ya ɓaci, abin da ya samu Baba yana samun kowa, har da masu ƙuruciya. Wannan fannin nake koyarwa, bari in kawo misali biyu.

A Janairun 1986 kumbon Amurka mai suna Challenger ya tarwatse jim kaɗan bayan tashinsa. Washegari wani malamin jami'a, Ulric Neisser, ya sa ɗalibai suka rubuta inda suke da suka ji labarin, da wanda ya gaya musu, da abin da suke yi. Bayan kusan shekara uku aka sake yi musu tambayoyin. Da yawa suka ba da labari daban, wasu ma babu abin da ya yi daidai da na farko. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne da aka nuna musu takardunsu, sun yarda rubutunsu ne, amma suka tsaya a kan sabon labarin. Kuma ƙarfin yaƙinin mutum bai nuna ingancin abin da ya tuna ba.

Na biyu, a 1974 Elizabeth Loftus ta nuna wa mutane fim ɗin karon mota. Wasu ta tambaye su gudun motocin da suka "bugi" juna, wasu kuma ta ce da suka "ragargaji" juna. Bayan mako ɗaya aka tambaye su ko sun ga fasasshen gilashi. Waɗanda aka yi wa tambaya da kalma mai zafi sun fi cewa sun gani, alhali babu gilashin a fim ɗin. Kalma ɗaya ce ta saka musu shi.

Ƙwaƙwalwa ba rumbu ba ce da za ka zuba gero ka dawo ka tarar da shi yadda ka bar shi. Duk lokacin da ka ba da labari kana sake ɗinka shi ne, kuma labarin da aka fi maimaitawa shi ya fi shan faci.

Malam Na Zaure:
Malama, Allah ya ƙara sani. Sai dai malamanmu na hadisi sun riga Turawan nan isa wurin da fiye da shekara dubu. A wurinsu sharaɗi biyu ne daban: adalci da kiyayewa. Mutum yana iya zama salihi mai tsoron Allah, a ce mai gaskiya ne amma haddarsa ba ta da kyau, a ƙi kafa hujja da ruwayarsa, ba tare da an ce maƙaryaci ba ne. Akwai kuma wanda haddarsa ta cakuɗe da tsufa, sai a duba: wane ne ya ji daga gare shi kafin cakuɗewar, wane ne bayanta. Ibnu Lahi'a alƙalin Masar ne, babban malami, amma an ce littattafansa sun ƙone, ya koma ruwaya da ka, sai malamai suka riƙa bambanta ruwayarsa ta da da ta baya.

Saboda haka Abban Sadik, kada ka bari Shaiɗan ya raya maka cewa ɗaya daga cikin iyayenka ya yi ƙarya. Ka nemi mutum na uku da ya shaida zamanin.

Malama Hauwa:
Allah gafarta Malam, na karɓa. Wannan bambancin na kafin cakuɗewa da bayanta zan kai shi aji.

Ɗan Kurmi:
Ni wata gaskiya zan faɗa. Ina da shekara tara aka kashe Murtala, kuma in na rufe ido ina ganin fuskarsa sarai. Amma da na natsu na gane fuskar da nake gani ta jikin naira ashirin ce. Ban taɓa ganin mutumin ba. Takardar kuɗin ma sai a 1977 ta fito.

Bazazzagiya:
Yauwa, Bakano ya yi magana mai ma'ana sau ɗaya a shekara, a rubuta. Abin da ka faɗa shi ne ciwon da nake fama da shi a kan Sarauniya Amina.

Duk yaron da ka ce ya zana Amina, abu ɗaya zai zana: mace a kan doki da takobi a hannu. Daga ina ya samo? Daga littafin firamare, da zanen da aka sa a kan sarki a 1975, da gunkin da ke gidan wasa na ƙasa a Legas. Babu wanda ya zana ta tana raye. 'Yata ta kalli fim ɗin da aka saka a Netflix a 2021, ta zo tana tambayata a wace makaranta Amina ta koyi Turanci.

In ka koma ga abin da aka rubuta, ɗan kaɗan ne. Littafin Tarihin Kano, wanda wani Baturen mulki mai suna Palmer ya fassara a 1908, ya ambace ta a zamanin Sarki Dauda, wato tsakanin 1421 da 1438 a lissafinsa. Ya ce ta ci garuruwa har Kwararrafa da Nufe, Sarkin Nufe ya aiko mata da babanni 40 da goro 10,000, kuma ta yi shekara 34 tana yaƙi. Muhammadu Bello ma ya kawo ta a Infaƙul Maisuri, ya ce ta rasu a Atagara. Mu kuma a Zazzau ana cewa 'yar Bakwa Turunku ce, wanda ake sa sarautarsa wajen 1536. Ka ga tazarar shekara ɗari ke nan tsakanin ruwaya biyu. Kuma sunanta ba ya cikin jerin sarakunan Zazzau da aka saba karantawa.

Shi kansa Tarihin Kano a ƙarshen ƙarni na 19 aka kammala rubuta shi. Tsakaninsa da zamanin Dauda shekara ɗari huɗu da ɗoriya. Mu nan shekara hamsin ta gagare mu a gida ɗaya.

Ɗan Kurmi:
Ashe ba don Kanawa sun rubuta ba da Zagezagi ba su san sun yi sarauniya ba. A yi mana godiya.

Bazazzagiya:
Kun rubuta ne don tsoro bai sake ku ba.

Maman Ilham:
Ni abin da ke ƙona mini rai shi ne zancen wai duk garin da ta ci sai ta kwana da namiji, da safe ta sa a kashe shi. Wa ya gani? Ina zargin maza ne suka ƙulla shi don ba su iya haɗiye cewa mace ta fi su ba.

Bazazzagiya:
Anti, wannan ba ya cikin ɗan abin da Tarihin Kano ya faɗa. A baki yake yawo. Amma shi masu wasan kwaikwayo suka fi so, don shi ke tara 'yan kallo.

Ɗan Dogondutsi:
Salamu alaikum, ku ba baƙo wuri. Mu nan Nijar muna da tamu sarauniya, kuma tata ta fi kusa, don kakannin kakanninmu sun ga zamanin. Sarauniya Mangu ta Lugu, nan ƙasar Arewa.

A 1899 rundunar Faransa ta Voulet da Chanoine ta ratso ƙasar ga tana ƙone garuruwa. Cikin watan Afrilu sunka iso Lugu, Azna, wato mutanen wurin masu bin addinin gargajiya, sunka tare su da baka da kibiya. Bayan nan sunka wuce sunka yi ɓarna mai muni a Birnin Ƙonni. Labarin ta'asarsu ya kai Faransa, anka turo Kanar Klobb ya tsai da su, Voulet ya sa anka harbe shi ranar 14 ga Yuli a Dankori, kwana kaɗan kuma sojojinsu da kansu sunka kashe su duka biyu wajen Maijirgi, kusa da Tasawa. Wanga duk yana rubuce.

Amma ita Sarauniya, abin da Faransawa sunka rubuta a kanta bai wuce 'yan layuka ba, kuma da raini, kamar wata tsohuwa mai tsafi. Sai a 1980 Abdoulaye Mamani ya rubuta ƙagaggen labari a kanta, Med Hondo ya mai da shi fim a 1986, fim ɗin ya ci babbar kyauta a bikin finafinai na Wagadugu a 1987. Daga nan ta zama jaruma mai ƙuruciya, mai jan daga da kanta.

Ga inda abin ya taɓa ni. Kakata, Allah ya jiƙanta, in tana ba mu labarin muna ƙanana, Sarauniyarta ba ta riƙe makami. Tana ɗaka. Ita ce mai magana da iskoki, ita ke faɗin abin da za a yi, maza su fita. Kuma ta ce sarauniya sarauta ce, in wata ta mutu a naɗa wata, ba mace ɗaya ba ce. Bara na zauna da gwaggona, ɗiyar kakar nan tawa ta cikinta, ta ba ni labarin da Sarauniya a gaban mayaƙa tana harbi. Na ce Gwaggo wa ya faɗa miki? Ta ce tsohuwarta. Na tabbata a talabijin ta gani, amma ta mai da shi bakin uwarta, kuma har zuciyarta haka ta yarda.

Malama Hauwa:
Wannan shi ne gilashin da na faɗa ɗazu. Mutum yana riƙe abin da ya gani, ya manta inda ya gan shi.

Ummu Nana:
Tun ɗazu nake karantawa ina haɗiye magana, amma tunda an zo kan marubuta dole in tanka, don sana'ata ce.

Ɗan Dogondutsi, tsakani da Allah, ba don littafin nan da fim ɗin ba, wa zai san Lugu a wajen ƙasarku? Ni a Gusau ta ina zan ji? Da abin da ya rage a duniya shi ne layukan rainin da maharan suka rubuta. Marubucin ya ga an bar mace a ƙarƙashin alƙalamin maƙiyinta, ya ɗago ta. In ya ƙara mata baka da kwari, ai su ma sun rage mata mutunci, kuma babu wanda ya tuhume su.

Masu tarihi suna ba mu ƙashi ne: wane ya hau, ya yi shekara kaza, ya mutu. Wa zai kwana yana karanta jerin sarakuna? Mu ke sa tsoka. Me Amina ta ci da safe, me ta ji da aka kawo mata gawar ɗan'uwanta, wannan babu mai ba ka sai mai ƙirƙira.

Ɗan Dogondutsi:
Hajiya, ban ce bai yi aiki ba, kuma muna alfahari da shi. Kukana guda ne: Sarauniyar littafi ta cinye ta kakata. Yau in na ba yara labarin yadda na ji shi, sai su ce ban sani ba, ba haka anka koya musu a lakwal ba. Wadda ke zaune a ɗaka tana magana da iskoki ba ta yi wa kowa daɗi, malamai ba su son ta don ba Musulma ba ce, 'yan boko ba su son ta don ba ta yi kama da 'yar gwagwarmaya ba. To ita ce ta gaske a wurina, kuma ita ce ke ɓacewa.

Ummu Nana:
Ita ma ta kakarka wa ya ce ita ce ta gaske? Kakarka ba ta ga 1899 ba. Ji ta yi, kamar kowa.

Ɗan Dogondutsi:
Gaskiya ne. Amma ta ji daga waɗanda sunka gudu cikin dajin, ba daga wanda ya zauna da alƙalami bayan shekara tamanin ba.

Malam Na Zaure:
Hajiya Ummu Nana, kakanninmu ba su hana ƙirƙira ba, amma sun yi mata shinge. Mai tatsuniya da dare take yi, ta buɗe da gatanan gatananku, ta rufe da ƙurunƙus, har ta ce ba don gizo ba da ta yi ƙarya. Yaro ya san inda aka shiga da inda aka fita. Labari daban, tatsuniya daban, tarihi daban. Matsalar fim ita ce ba ya cewa ƙurunƙus. Yana zuwa da fuska da murya da kaya, ido kuma ya fi kunne saurin gaskatawa.

Ummu Nana:
Allah gafarta Malam, to makaɗan fada fa? Su ma ba sa cewa ƙurunƙus. Sarkin da bai taɓa jin ƙarar bindiga ba a kira shi mai raba gardama da mashi, kakansa da aka kora a ce hijira ya yi. Rabin abin da muke kira tarihin masarautu daga bakin maroƙa aka kwashe shi, kuma maroƙi ya san wanda zai ba shi riga.

Malam Na Zaure:
Nan kin kama ni. Sai dai mai sauraron kirari ya san kirari ne.

Bazazzagiya:
A zamaninsa ya sani, Malam. Jikansa bai sani ba.

Maman Ilham:
Akwai wata tsohuwa da ya kamata a sako a nan, Baba ta Karo. Wata Baturiya, Mary Smith, ta zauna da ita a ƙasar Zazzau tsakanin 1949 da 1950 tana rubuta labarin rayuwarta daga bakinta, aka buga a 1954 bayan rasuwarta. Ta ga zuwan Turawa da idonta. Abin da ta fi tunawa ba yaƙi ba ne: aure, kishi, goyon 'ya'yan wasu, da tsoron maharan da ke kama mutane su sayar. Har ta nuna cewa talakawa irinsu ba su ƙi zuwan Turawan ba, masu mulki ne suka ƙi. Wannan ba za ka ji shi a waƙa ko a fim ba, don ba ya daɗin ji.

Ɗan Kurmi:
Hajiya, da wa take magana? Da Baturiya, a zamanin mulkin Turawa. Ko ni in baƙo ya zo rumfata ba na zagin garinsu.

Maman Ilham:
Wannan ma magana ce. Amma tsoron maharan ba don Baturiya ta ƙirƙiro shi ba, danginta aka kama aka biya fansa.

Shugaban Zaure:
Jama'a muhawara ta yi daɗi, amma an bar mai tambaya a tsaye. Abban Sadik, kana nan?

Abban Sadik:
Ina nan ranka ya daɗe, ina bi. Shawarar Malam na ɗauka. Akwai Gwaggo, ƙanwar Baba, tana aure a wani gari. Zan kira ta in an kwana biyu.

Ummu Nana:
Kafin nan kada ka goge abin da ka naɗa. Ka naɗi Inna ita ma, ka ajiye su tare.

Abban Sadik:
Salamu alaikum. Na dawo da bayani, kwana huɗu ke nan.

Na kira Gwaggo, ban gaya mata gardamar ba, tunda Malama ta nuna mana yadda tambaya ke shuka amsa. Cewa kawai na yi, wa ya je Kano daga gidanmu da aka kashe Murtala? Ba ta yi jinkiri ba ta ce Baffanku. Wato ƙanin Baba, wanda ya rasu tun ban shiga firamare ba. Ta ce Baba yana kwance ƙafa ta kumbura kamar turmi, shi kuma Baffa ba shi da takalmin shiga birni, sai ya ɗauki na Baba tunda mai shi ba ya takawa. Shi aka take a turmutsutsun. Ya dawo da wari ɗaya, Baba ya yi ta faɗa daga kwance. Ta ce daga nan kullum bayan isha'i Baffa yana zaune a bakin gadon yana ba shi labarin Kano don ya rage masa zafin ciwo, har ya warke.

Jiya na samu Baba shi kaɗai bayan la'asar na gaya masa a hankali. Ya daɗe bai ce komai ba. Sannan ya yi wa Baffa addu'a, ya ce rabon da wani ya ambaci sunansa a gidan an daɗe. Can kuma ya ce, "Amma fa ƙurar nan na shaƙe ta." Ban ja ba.

Malam Na Zaure:
Allah ya jiƙan Baffa, ya ƙara wa iyaye lafiya.

Ɗan Dogondutsi:
Amin. Ka sa Gwaggo ta ba ka sauran labarin Baffan tun tana iyawa.

Ɗan Kurmi:
Amin summa amin. Ni dai a matsayina na ɗan kasuwa, wane irin takalmi ne?

Abban Sadik:
Fade ne, a nan duk sun haɗu. Baba ya ce ja, Gwaggo ta ce baƙi. Inna ta ce ita ta jefa warin a masai da hannunta, kuma ba za ta shiga wata sabuwar rigima ba.